Wai finafinan Amurka ne suka kashe wasan takalmin taya?

Sadiku: Jama'a ga magana, wanda bai yarda ba ya zo da hujja. Wasan takalmin taya mai zafi, irin wanda ake tsalle a hau ƙarfen matakala a sulale a kai, Hollywood ce ta kashe shi. A 1998 tashar Disney ta fitar da fim ɗin Brink!, ta mayar da abin wasan 'yan makaranta masu hular kwano da fara'a. A 2005 tashar wasanni ta ESPN ta cire shi daga gasarta ta wasanni masu haɗari, X Games, alhali da shi aka buɗe gasar a 1995.

Nafisa: Haba Yaya Sadiku, shekara bakwai fa ke tsakani. Kuma ka tsallake fim ɗin Airborne na 1993. 'Yan tawagar Rollerblade, kamfanin da ke ƙera takalmin, ne suka yi wuraren haɗarin, har da Chris Edwards, wanda ake lissafawa cikin waɗanda suka kafa wasan. Tseren gangaren nan na ƙarshe a titunan Cincinnati ya sa yara da yawa sun matsa wa iyayensu a saya musu takalmin.

Malam Garba: Ku dakata, fim iri biyu kuke haɗawa. Akwai na Hollywood, akwai kaset ɗin da 'yan wasan ke ɗauka da kansu, irin su The Hoax da jerin Videogroove. Waɗannan ne makarantar. Yaro zai saka kaset, ya yi ta mayar da shi baya har sai ya gane inda aka ɗora ƙafa a kan ƙarfe, washegari ya fita ya gwada. Sutura, kiɗa, sunayen salo, duk daga nan da mujallar Daily Bread suke fitowa. Hollywood hayar ƙafafunsu kawai take yi.

Sadiku: Malam ai ka faɗi tawa. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi. Jarumi ya kwashe suna, wanda ya karye kuma sai can ƙarshen fim a ƙananan haruffa. Dubi Hackers na 1995, takalmin ado ne kawai, ba wanda ya hau ko dakali.

Auwalu: Ni dai kuɗi nake bi. A 1999 Tony Hawk, gwanin wasan allo mai taya, ya yi juyin 900, wato juyi biyu da rabi a sama, a X Games a kan allonsa, a shekarar kuma wasan bidiyo mai sunansa ya fito ya yi kasuwa. Masu talla suka koma can. ESPN kuwa 'yan kallo take ƙirgawa.

Sadiku: To wa ya mallaki ESPN? Disney, tun 1996. Gida ɗaya ne ya yi fim ɗin, shi ya kore su.

Nafisa: In haka ne ai ribarsu ce wasan ya ɗore. Kuma ka kalli Brink! ɗin kuwa? Rigimar ciki tsakanin masu yi don so ne da masu yi don kuɗin kamfani, wadda ita ce 'yan wasan ke yi a junansu. Sannan Amurka ba ita ce duniya ba. Cikin gwanayen wasan, Fabiola da Silva daga Brazil take, ta riƙa karawa da maza. 'Yan'uwan nan Yasutoko daga Japan. Taïg Khris ya diro daga bene na farko na hasumiyar Eiffel da takalminsa a 2010, bayan korar da kake kira mutuwa.

Sadiku: Ku kawo mini babban fim ɗaya da ɗan wasan gaske ya ja ragamarsa, sai na yi shiru.

Auwalu: Masu allo ma ba su samu ba. A Gleaming the Cube na 1989 Christian Slater ne jarumi, Tony Hawk kai fiza yake yi a mota. Me ya sa nasu wasan bai mutu ba?