Majigin Bebe da Asubar Laraba

Ɗan Kurmi: Jiya na kalli wani tsohon majigi marar sauti da aka ɗauka daga goshin tarago a titin Market na San Faransisko, 14 ga Afrilu 1906. Kwana huɗu bayan nan, da asubar Laraba, ƙasa ta girgiza. Na buɗe fage:

Tarago na tafe, keken doki na gilmawa,
Yara masu tallan jarida na ta tsallakawa,
Wani ya ɗago hannu yana murmusawa,
Babu mai labarin Laraba na ƙaratowa.

'Yar Fage:
Yaya, ka ga safiya, ni na ga maraice,
Titin nan dai ne, bango duk ya karkace,
Wuta ta kwana uku tana ci kafin ta wuce,
Rayuka wajen 3,000 sun ɓace,
Ga layin karɓar burodi, kowa a galabaice,
Bakuna na motsi, ba ka jin me aka ce.

Malam Mai Tawada: 'Ya'yana, a bi sannu, ba kowane hoto ne shaida ba. Ku tuna aman wutar Dutsen Pele na tsibirin Martinik a 1902, wanda ya hallaka garin Sen-Piyer, da fim ɗin da Melies mai shirya majigi ya yi a kai:

Melies na Faransa bai je Martinik ba,
Bai shaƙi tokar Dutsen Pele ba,
Ya ƙera dutsen wasa, bai rage hayaƙi ba,
Mutum 28,000 Sen-Piyer ba ta ƙara gani ba,
A fim ɗinsa ko ɗaya ba a nuna ba.

'Yar Fage:
Baba, to na Galbeston ta Amurka fa, 1900, da guguwa
Ta turo teku gari, sama da 6,000 ba dawowa?
An ɗauki maza na ɗaga katako suna neman gawa,
Kamfanin Edison ya kwashe ya kai kasuwa,
Aka biya kuɗin ƙofa don kallon mutuwa.
Ni kam gara dutsen Melies, shi ba shi da uwa.

Malam Mai Tawada: Yarinyar nan, kin ɗaure ni da rawanina. Na sarara.

Ɗan Kurmi:
Ƙanwata, na mayar da fim ɗin baya sau uku,
Na tsayar kan yaron nan mai hula yana gudu,
Ya waiwayo, idona da nasa suka haɗu,
Ya kauce wa tarago ya koma cikin 'yan'uwansu,
Agogon tashar fito na can gabansu,
Wanda girgiza ta tsayar, shi ma saura kwana huɗu.