Wane suna za mu ba ruwan da ganye ke fitarwa?

Salamu alaikum ƴan uwa. Ni malamin lakwal ne a Tawa, kuma wata kalma ta tsaya mini a wuya, wato transpiration ta tsirrai. A Faransanci da ita ake kiran gumin mutum, shi ya sa da muka zo darasin zagayen ruwa a farkon Oktoba na ce wa yara "gumin ganye". Washegari da safe wata yarinya ta tsinko ganyen wake a bayan aji, ɗigon ruwa na sheƙi a kansa, ta ce, "Mushe, ga gumin." Raɓa ce. Kalmata ce ta aike ta neman ɗigo.

Ga abin da nake son kalmar ta ɗauka. Saiwa na tsotsar ruwa a ƙasa, ya hau ta siraran hanyoyi cikin kara, ya fita ta ƴan ƙananan bakuna da ke jikin ganye, galibi ta ƙasansa, ba tare da ido ya gani ba. Fitar nan ita ke jan na ƙasa, don ruwan manne yake da juna tun daga saiwa har ganye kamar igiyar guga: a ja sama, na cikin rijiya ya taso. Cikin mudu 100 da shuka ta sha, sama da 95 ta nan yake komawa iska. Me za mu ce masa?

Amsar wata malama daga Yamai: Malam, mu nan "numfashin ganye" muke cewa, yara na kamawa da wuri.

Malama, na gode, amma numfashi yana da mai shi. Shuka na yin nata numfashin na gaskiya dare da rana, aiki ne daban, kuma yana nan tafe a manhaja. In muka kashe kalmar a nan, can sai mu tsaya hannu rabbana.

Amsar wani ɗalibin aikin gona: Yaya, "tururin ganye" fa? A AGRHYMET ta Yamai, cibiyar nazarin yanayi da ruwa don noma, lissafin ruwan nan ake yi da milimita, kamar ruwan sama.

Ƙanena, ta fi gumi nesa ba kusa ba, na ma kwana biyu ina amfani da ita. Inda na tsaya shi ne, Bahaushe in ya ji tururi tukunya yake gani a kan murhu, farin abu na tashi. Yaro zai sake zuwa gindin itace yana jiran abin da ba zai gani ba.

Amsar wani dattijo mai lambun albasa a Galmi, ɗansa ya rubuta masa: Ya ce a faɗa wa malam, su ba su da suna, cewa suke iska ta shanye ruwa. Ran da hunturu ke kaɗawa, fangalin da aka ba ruwa da safe kafin la'asar ganyensa ya yi yaushi. Ya ce in ka shiga gonar gero mai duhu da rana tsaka kana jin hucinta a fuska.

Baba, Allah ya ƙara girma, ka ba mu kalmar ba ka sani ba. Huci. Ta baki yake fita, waje kawai yake yi, ido ba ya ganinsa amma yana ɗauke da laima. Hura wa madubi ka ga ya yi hazo. Jiya na ɗaura farar leda a reshen dogon yaro na harabar lakwal da hantsi, kafin a tashi cikinta ya yi gumi, ruwa ya taru a kusurwa kamar cokali guda. Na ce wa yara wannan hucin ganye ne leda ta kama. Ba wanda ya ambaci raɓa.

Na san za a ce huci na tafiya da zafi da fushi, alhali wannan sanyaya ganye yake. Gaskiya ne, kuma na yarda da wannan nakasu, don bai kai na gumi ɓatarwa ba. Tun da kundin mulkin Nijar na 2025 ya sa Hausa ta zama harshen ƙasa, irin kalmomin nan a bakinmu malamai za su fara zama, gara mu zaɓi wadda manomi ya riga ya furta.

Kalmar huci ta kuma buɗe wata ƙofa. Gawo na zubar da ganye da damina, ke nan hucinsa na raguwa daidai lokacin da gero ke bukatar ruwan. Jerin dogon yaron da aka dasa a kwarin Majiya na jihar Tawa kuwa iska yake karewa, don kada ta riƙa kwashe hucin shuka da sauri. Évapotranspiration, wato ruwan da ke tashi daga ƙasa da na ganye a haɗe, ina ganin "hucin gona" ya ishe ta.

A allona dai hucin ganye na rubuta. Malama, ki gwada ledar da naki yaran ranar Litinin, ki faɗa mana abin da suka kira ruwan.