Yaya zan ɗauki fim ɗin masunta ba tare da sun sandare a gaban kyamara ba?

Ɗan Fadama, daga Guri:
Assalamu alaikum. Ina son haɗa fim na gaskiya, ba wasan kwaikwayo ba, a kan yadda ciyawar kachalla ta toshe mana hanyoyin ruwa har kamun kifi ya ja baya. Damuwata ita ce, da zarar na ɗaga waya sai Baffana ya ajiye komar da yake ɗinki, ya gyara hula, ya koma magana kamar ana hira da shi a rediyo. Yaya magabata a wannan sana'a suka yi?

Malamin Makaranta, daga Ringim:
Wa alaikumus salam, ɗana. Ka nemi tarihin Jean Rouch, Bafaranshen da ya zo Nijar a 1941 a matsayin injiniyan hanya, daga baya ya koma ɗaukar fim, bai kuma daina komowa ƙasar ba har ya rasu a haɗarin mota kusa da Birnin Konni a 2004. Da hannu yake riƙe kyamara yana bin mutane cikin aikinsu, maimakon ya girke ta ya jera su a gabanta. Abin da ya fi burge ni shi ne yakan koma ya nuna wa mutane fim ɗinsu. Da ya haska wa Sorkawa, masuntan garin Ayoru na Nijar, fim ɗin farautar dorinarsu, sai suka ƙi yarda da kiɗan da ya sanya, domin a wurinsu kiɗa ƙarfafa zuciyar dorina yake yi. Ya karɓi gyaran, ya cire kiɗan.

Yaya Babba, daga Kirikasamma:
Malam ya yi gaskiya, amma a ƙara da cewa Ousmane Sembène, mai shirya fim na Senegal, ya zargi Rouch da kallon 'yan Afirka kamar ƙwari. Kai ɗan gida ne, ƙanena, sai dai ɗan gida ma yana iya ɗora wa dattawa bayaninsa. Kada ka fara da karanta musu tarihin dam ɗin Tiga da na Challawa da suka tare ruwan kogin daga Kano. Ka bar Baffa ya nuna maka da gora inda kwalekwale ke ratsawa a da.

Inna, daga Haɗeja:
Ka fara kai gaisuwa wurin mai unguwa da sarkin ruwa, sannan ka yi kwanaki kana bin su da sassafe, wayar tana aljihu. Matan da ke banda kifi a cikin gida kuwa, ka nemi izinin masu gida, ka ba ƙanwarka wayar ta ɗauko.

Ɗan Fadama:
Na gode, Allah ya saka da alheri. Gobe bayan asuba zan bi Baffa rafi, ni zan riƙe masa gora.