Neman kalma: da wane suna za mu kira sana'ar Arne Sucksdorff?

Mai Shirin Rediyo:
Assalamu alaikum, malamai da 'yan'uwa. Ina haɗa shiri a kan rayuwar Arne Sucksdorff, ɗan ƙasar Suwidin da aka haifa a birnin Stockholm a 1917 ya kuma rasu a 2001, kuma ranar Alhamis za a naɗi shirin, amma har yanzu jimlar gabatarwa ta ƙi zaunuwa. Turawa suna siffanta shi da kalmomi uku: independent, documentary da cinematographer. Ta farko ba ta ba ni wahala ba, domin "mai zaman kansa" ta wadatar. Sauran biyun ne suka tsaya mini. Mutumin nan shi yake tsara labari, shi yake riƙe kamara, shi kuma yake tace hoton. Gajeren fim ɗinsa Människor i stad, wanda ya nuna mutanen Stockholm cikin harkokinsu na yau da kullum, ya ci kyautar Oscar a 1949, kuma shi ne fim ɗin Suwidin na farko da ya samu wannan kyauta. Masu saurarona galibi suna kasuwa ko gona ko cikin mota, saboda haka ina bukatar kalmar da kunne zai kama a karo ɗaya.

Tsohon Mai Kamara:
Wa alaikumus salam, Malama. A jerin sunayen da muke sawa a ƙarshen fim, "ɗaukar hoto" muke rubutawa, a wurin aiki kuma "kamaraman" ake kira. Sai dai mu da muke cikin sana'ar mun san mutum biyu ne. Akwai wanda yake riƙe kamara yana bin umarni, akwai kuma wanda yake yanke shawarar inda haske zai faɗo, da kusurwar da za a tsaya, da lokacin da rana ta yi daidai. Na biyun muke ce wa "daraktan ɗaukar hoto". Amma ban ga ya dace da wannan bawan Allah ba, domin darakta sai da jama'ar da zai umarta, shi kuwa yawancin aikinsa zaman jiran dabba ne a daji ko a bakin teku, kamar yadda ya yi a fim ɗin Trut! na 1944, inda ya bi wani tsuntsun teku mai satar ƙwan sauran tsuntsaye. Shawarata ki ce "mai ɗaukar hoton fim". Kalmar "fim" ɗin ce za ta raba shi da mai hoton biki.

Mai Fassara:
Na goyi bayan Yaya a kan wannan. Inda nake so mu yi hattara shi ne ɗaya kalmar, wato documentary, domin na san hannu zai yi saurin rubuta "fim na gaskiya", kuma a kan Sucksdorff wannan suna zai jawo wa Malama tambayoyin da ba ta shirya musu ba. A duba babban fim ɗinsa, Det stora äventyret na 1953, wanda aka karrama a bikin finafinai na Cannes da ke Faransa a 1954. Sashensa na farko yana bin wata yanyawa mai 'ya'ya da take shiga gona tana ɗauke kaji, har manomi ya fito mata da bindiga. Daga nan labarin ya koma kan wasu yara biyu, wa da ƙane, da suka ceci karen ruwa suka ɓoye shi ba da sanin iyayensu ba, suka yi ta fasa ƙanƙarar tafki cikin hunturu suna kamo masa kifi, har ranar da ƙaramin ya kasa riƙe sirrin, dabbar kuma ta koma ruwanta da yanayi ya sassauta. Ƙaramin yaron ɗan Sucksdorff ne na cikinsa, shi kansa kuma ya fito a matsayin uban. To, ƙanƙarar ta ainihi ce, dabbar ta ainihi ce, amma labarin tsara shi aka yi, kuma an san yana amfani da dabbobin da suka saba da mutum domin samun hoton da yake so. Idan muka ce "na gaskiya", mai saurare zai ɗauka ba a taɓa komai ba, sannan mun mayar da sauran finafinai na ƙarya ke nan. Ni "fim ɗin zahiri" nake amfani da ita a fassara, domin tana cewa daga abin da yake akwai a duniya aka ɗauko kayan aikin, ba ta kuma yi rantsuwa cewa babu hannun mai tsarawa ba.

Malamin Nahawu:
Ina karanta ku ina baƙin ciki. Fim, kamara, darakta, kamaraman: jimla guda, kusan rabinta ba namu ba. Muna da kalma tun zamanin iyayenmu, ita ce majigi. Motar gwamnati takan zo gari da yamma, a kafa farin ƙyalle a ƙofar fada, a nuna yadda ake noman gyaɗa da auduga da yadda ake rigakafin cuta, wani kuma yana bayani da lasifika. Ba wasan kwaikwayo ake zuwa kallo ba, ilimi ake nunawa, kuma abin da kuke nema ke nan. Game da mai sana'ar kuwa, tun da Malam Mai Kamara ya ce aikinsa sarrafa haske ne, ƙa'idar harshe ta riga ta ba mu hanya. Daga "ƙera" muka samu maƙeri, daga "ɗinka" muka samu maɗinki, saboda haka daga "haska" sai mu samu mahaski, mace mahaskiya, jam'i mahaska. Malama, ki ce "mahaskin majigi mai zaman kansa". Na daɗe ina koya wa ɗalibaina ita, kuma ba a taɓa kawo mini hujjar nahawu da ta rushe ta ba.

Tsohon Mai Kamara:
Allah ya gafarta Malam, ginin kalmar ba shi da aibu, ma'anar ce ta riga ta tafi wani wuri. A bakin mutane "haska fim" shi ne nuna shi ga 'yan kallo, shi ya sa ake cewa za a haska sabon fim a silima ranar Juma'a. Duk wanda ya ji "mahaski" zai ɗauka mai kunna na'ura a bayan ɗaki ake nufi. Mutumin da ya kwashe kimanin shekara biyu yana bin dabbobi domin fim guda bai kamata a ba shi sunan aikin wani ba.

Mai Fassara:
Baba Malam, da girmamawa, ita ma majigi baƙuwa ce, daga sunan Turanci na tsohuwar fitilar nuna hotuna ta samo asali, kamar yadda "hoto" ma aro ce. Abin da ya fi wannan muhimmanci shi ne majigi kayan hukuma ne, hukuma ce take biya, ita take zaɓar saƙon. Rayuwar Sucksdorff kuwa ta bi akasin wannan hanya. Gajerun finafinansa na shekarun 1940 ya yi su ne a ƙarƙashin kamfanin Svensk Filmindustri, daga baya ya kafa nasa kamfanin ya ɗauki nauyin dogon fim da kansa. Ya je Indiya ya zauna da al'ummar Muria a yankin Bastar, inda ya yi En djungelsaga na 1957. Da fim ɗinsa na ƙagaggen labari, Pojken i trädet na 1961, bai samu karɓuwa ba, sai ya tafi Birazil a 1962 ya koyar da aikin fim a Rio de Janeiro da tallafin UNESCO, a can kuma ya yi Mitt hem är Copacabana na 1965 da yaran da suke kwana a titi. Bayan haka ya yi shekaru masu yawa a yankin fadamun Pantanal yana ɗaukar namun daji yana kuma kiran a kare su. Haɗa "majigi" da "mai zaman kansa" a kan irin wannan mutum zai sa kalmomin biyu su yi karo da juna.

Ɗan Maraɗi:
Ina neman izinin dattawa in sa baki. A wajenmu "dokumanter" ake cewa, daga Faransanci, kuma ma'aikatan rediyo da talabijin sun saba da ita. Wannan sana'a ba baƙuwa ba ce a Nijar, inda Bafaranshen nan Jean Rouch ya yi shekaru yana ɗaukar finafinai da kamara a hannunsa, Oumarou Ganda, ɗan Nijar, kuma ya fara a gaban kamararsa kafin ya zama mai ba da umarni. Abin da yake damuna shi ne duk lokacin da aka zo neman kalma, sai a tambayi abin da ake faɗa a Kano, a tsaya nan, kamar Hausar Damagaram da Tawa da Maraɗi ba ta da kujera a majalisar. Rediyo ba ya tsayawa a kan iyaka. Idan za a yi aro, me ya sa aron Ingilishi zai zama Hausa, aron Faransanci kuma ya zama kuskure?

Malamin Nahawu:
Ɗana, ka taɓo inda yake yi mini ciwo, ko da yake ta wata fuska. Ni ban fifita aron Kano a kan na Maraɗi ba, duka biyun nake ƙi. Abin da na gani shi ne an bar wa masu shirya fim da 'yan jarida ikon raɗa wa abubuwa suna, su kuwa sauri ne a gabansu, mu da muka ƙare rayuwarmu a kan nahawu sai a tuna da mu bayan kalma ta riga ta bazu. Kalmar "na'ura mai ƙwaƙwalwa" ai mutane ne suka zauna suka samar da ita. Da an ce musu jama'a ba za su gane ba, suka janye, da yau ba mu da ita.

Tsohon Mai Kamara:
Ranka ya daɗe, ba mu raina ilimi ba, amma mu ma ba a taɓa gayyatarmu inda ake yanke waɗannan kalmomi ba, alhali a bakinmu za su rayu ko su mutu. Mu ne muka zaunar da "mai ba da umarni" da "mai shiryawa" da "tace hoto".

Mai Shirin Rediyo:
Na gode wa kowa, kuma ina roƙon a bar maganar wa ya fi wa zuwa wani zama, domin dole in miƙa rubutun gobe da safe. Ga abin da zan karanta: "Arne Sucksdorff, mai shirya finafinan zahiri mai zaman kansa, wanda kuma shi da kansa yake ɗaukar hotonsu." Na ga idan na mayar da sana'ar ta biyu aiki maimakon laƙabi, jimlar ta fi sauƙi a baki, kuma ta nuna abin da ya bambanta shi da wasu, wato kamara ba ta barin hannunsa. A karon farko zan ƙara da cewa irin wannan fim ne ake kira dokumantari, ko dokumanter a Nijar, domin masu saurare na ɓangarorin biyu su gane. Zan kuma ba da labarin yaran nan da karen ruwa, in faɗa a fili cewa tsara shi aka yi. Baba Malam, zan ambaci majigi a matsayin abin da dattawa za su kwatanta da shi, tare da bayanin inda suka rabu.

Mai Fassara:
Jimlar ta yi. Sai dai a sani cewa mun kauce wa kalmar cinematographer ne, ba mu warware ta ba. Ranar da za a yi magana a kan Sven Nykvist, ɗan ƙasarsu wanda ya ɗauki hoton finafinan mai ba da umarni Ingmar Bergman da yawa ya kuma ci Oscar sau biyu a kan ɗaukar hoto kaɗai, dabarar nan ba za ta yi aiki ba, dole a samo laƙabi.

Malamin Nahawu:
"Zahiri" ma daga Larabci take, amma ta daɗe a gidanmu, ba zan yi jayayya da ita ba. Na karɓi hujjar Malam a kan "haska fim", domin haka mutane suke faɗa. Ban janye majigi ba, kuma ban yarda a rubuta dokumantari a takardar da ɗalibai za su karanta ba, ko da an faɗe ta a rediyo. Malama, idan shirin ya fita ki sanar da mu lokacin maimaici, ina so in ji yadda jimlar ta zauna a baki. Kafin a zo kan Nykvist ɗin zan kawo wata kalmar daga "ɗauka".