Ƙarfen da maye ke kamawa, me za mu kira shi?

Jama'a, a taimaka mini. Ina haɗa darasin kimiyya da Hausa don yaran unguwarmu a nan Jos, sai na cije a kan kalma ɗaya: feromagnetik. Maganaɗisu dai mun daɗe da aro shi daga Larabci, ga kuma namu na gida, mayen ƙarfe. Abin da ba shi da suna shi ne jinsin kayan da mayen ke cafka da ƙarfi, wato baƙin ƙarfe, nikel da kobal. Jan ƙarfe da zinariya da azurfa kuwa ko kallo ba su ishe shi ba.

Shawarar farko da na samu daga wani ɗan gwangwan ce, wanda kullum da guntun maganaɗisun tsohuwar lasifika a aljihunsa, da shi yake raba ƙarfe da alminiyom kafin a hau sikeli. Shi a ganinsa a ce "kamun maye" a huta. Wallahi sunan ya yi daɗin baki, kuma yaro ba zai manta ba.

Amma ɗan Jos ya san inda gizo ke saƙa. A wuraren tace kuza, da injin maganaɗisu ake rarrabe yashin da aka wanko: kuza ta wuce abinta, kolumbait kuma, wani ma'adini da ake samu tare da kuza, injin ya janye shi gefe in an ƙara masa ƙarfi. Ashe shi ma maye ya kama shi, alhali ba ajinsu ɗaya da ƙusa ba, jansa rarrauna ne ƙwarai. In mun ce kamun maye, mun zuba su a kwando guda.

Don haka na koma kan dalili. Kowane lantaron, wato ɗan ƙanƙanin abu mai cajin lantarki da ke cikin ƙwayar zarra, ɗan mitsitsin maganaɗisu ne. A yawancin abubuwa bibbiyu suke zama, wannan ya fuskanci nan, wancan can, su kashe ƙarfin juna. A baƙin ƙarfe akwai marasa abokin zama, kuma maƙwabta kan juya su fuskanci wuri ɗaya, unguwa-unguwa. Wani Bafaranshe, Pierre Weiss, shi ya kawo bayanin unguwannin nan wajen 1907. Da ka kawo maganaɗisu kusa, sai unguwannin su daidaita, kamar mutane sun ji an tada iƙama.

Shi ya sa nake ba da "mai sahu". Ƙarfe mai sahu, kaya masu sahu, halin kuma a ce sahuntaka.

Wani malamin sakandare daga Bukuru ya ƙi, wai ƙusar da ke yashe a ƙasa ai ba a sahu take ba. Ranka ya daɗe, a cikin kowace unguwa a sahu take, unguwannin ne ba su haɗa alƙibla ba. Kuma sunan yana biya mana wata buƙata. In maƙeri ya zuga ƙarfe ya yi jawur, ya haura digiri 770 a ma'aunin Salshiyas, maganaɗisu ya daina riƙe shi sai ya huce. Wani masanin kimiyya Bafaranshe, Pierre Curie, ya yi nazarin wannan a 1895. Da Hausa jimla ɗaya ta ishe ni: zafi ya watsa sahu.

Na saka "mai sahu" a darasin Asabar. Sahuntaka ce har yanzu take mini nauyi a harshe, wanda ke da wadda ta fi ta ya ajiye mini a ƙasa kafin Juma'a, ranar zan kai a buga takardun.