Tuban Solomon Kane: nadama ce ko tsoro?

Malam Sabo:
Assalamu alaikum. Na kalli fim ɗin Solomon Kane na 2009, kuma wani abu ya tsaya mini a rai. A farkon labarin, a shekarar 1600, Kane mayaƙi ne marar tausayi, har wani manzon Shaiɗan ya tare shi ya ce masa ransa ya riga ya zama na wuta. Sai ya gudu Ingila, ya fake a gidan sufaye, ya yi rantsuwar ba zai sake zubar da jini ba. Amma daga baya fim ɗin ya mayar masa da takobi, har ya nuna ta nan ne zai tsira. To ina tuban yake?

Hajiya Turai:
Wa alaikumus salam, Malam. A ganina tuban farko ba nadama ba ne, tsoro ne tsagwaronsa, domin kansa kaɗai yake ƙoƙarin ceta. Ka tuna lokacin da mahara suka afka wa iyalin Crowthorn da Kane yake tafiya tare da su, suka ɗora wa ɗansu Samuel wuƙa a wuya, Kane yana tsaye yana roƙonsu saboda yana gudun karya rantsuwarsa, har suka yanka yaron a gabansa. Da ya ɗauki makami don ceto Meredith, 'yar'uwar Samuel da maharan suka sace, alhali yana ganin hakan zai jefa shi wuta, a nan ne ya fara fifita wani a kan kansa.

Auwalu:
Hajiya, na yarda da rabin maganarki. A labaran Robert E. Howard, marubucin da ya ƙirƙiro Kane, waɗanda suka fara fitowa a mujallar Weird Tales a 1928, Kane mutum ne mai tsananin addini da ba ya kokwanton aikinsa. Masu fim ne suka ɗora masa wannan nauyin zunubi, har da zaton da yake yi cewa shi ya kashe wansa Marcus tun suna yara. Sai dai sun sauƙaƙa masa lamarin fiye da kima, tunda yawancin waɗanda yake sara tsafi ya riga ya shige su, idanunsu sun yi baƙi ƙirin, mai kallo kuwa ba ya jin an kashe ɗan'adam.

Malam Sabo:
Ban da mahaifinsa, Auwalu. Tsohon da ya gayyato matsafi Malachi don ya warkar da Marcus, wanda ashe bai mutu ba, shi ne ya roƙi Kane ya kashe shi, kuma yana cikin hankalinsa.