Wanene tsohon nan mai gadin Tom Cruise?

Mai_Kallon_Dare:
Salamu alaikum jama'a. Jiya na sake kallon The Last Samurai, sai idona ya tsaya a kan dattijon nan da aka sa ya riƙa bin Tom Cruise duk inda ya sa ƙafa. Ba ya magana, har baturen ya laƙaba masa suna Bob. Sai a yaƙin ƙarshe ya buɗe baki ya kira sunan baturen, ya tare masa harsashi. Wallahi faɗuwarsa ta fi ta kowa taɓa ni. Wanene shi? Ko dai tsintarsa aka yi?

Kawu_Tsoho:
Wa alaikumus salam. Tsinta kuma, ɗana? Seizo Fukumoto ke nan, mutumin da Japanawa suke yi wa kirari da "wanda aka sare sau 50,000". Yana ɗan shekara 15 ya shiga kamfanin Toei a Kyoto, cibiyar finafinan samurai, mayaƙan takobi na Japan ta dā. Sana'arsa suna gare ta a can, kirareyaku, wato ɗan wasan da aikinsa shi ne jarumi ya sare shi ya mutu. Yaron bos, in ji mu.

Kada ka raina aikin. Takobin jarumi ba ya kaifi sai wanda aka sara ya iya faɗuwa. Shi Fukumoto in sara ya same shi, sai ya banƙare ta baya kamar zai karye, fuskarsa ta juyo ga kyamara, sannan ya zube. Dabara ce: yana ƙara wa jarumi kwarjini, shi ma ana ganin fuskarsa ko da na daƙiƙa biyu ne. Lokacin da fim ɗin da ka kalla ya fito a 2003, ya haura shekara 40 yana wannan mutuwa.

'Yar_Malam:
Kawu, a gafarce ni, ni dai tausayi ya ba ni. Mutum ya ƙarar da ƙuruciyarsa yana zubewa a ƙasa, wasu suna kwashe suna da kuɗi? Kuma 50,000 ɗin nan, wa ya zauna ya ƙirga?

Kawu_Tsoho:
Kirari ne, 'yata, ba a kai shi gaban alƙali. Amma a rana guda yana iya mutuwa sau da yawa, ya sauya kaya ya dawo a sake sare shi. Kuma bai tafi haka nan ba. A 2014, yana da shekara 71, aka ba shi jarumta karo na farko a Uzumasa Limelight, labarin wani tsohon kirareyaku da zamani ya juya wa baya. Da shi ya ci kyautar gwarzon ɗan wasa a bikin finafinai na Fantasia da ake yi a Montreal, Kanada. Ya rasu ranar 1 ga Janairu, 2021.

Mai_Kallon_Dare:
Na gode Kawu. To a wannan ɗin, da yake shi ne jarumi, sun bar shi ya kai ƙarshe a tsaye?

Kawu_Tsoho:
Je ka kalla. Ni ba zan ɓata maka ba.